An Ɗaure Hissène Habré, To Ina Diyyar Waɗanda Ya Zalunta?

Tambaya: Na ji a rediyo cewa wata kotu a Senegal ta yanke wa tsohon shugaban Chadi, Hissène Habré, ɗaurin rai da rai, ta kuma ce a biya waɗanda gwamnatinsa ta azabtar diyyar biliyoyin sefa, amma har ya mutu ba su ga ko sisi ba. Wa ya kamata ya biya? In kotu ba ta iya sa a biya, ina amfanin shari'ar? Kuma mu mutanen yankin Tafkin Chadi da aka kashe wa 'yan'uwa, akwai abin da za mu sa rai daga kotun duniya?

Amsa: Malam, Allah Ya jiƙan waɗanda kuka rasa, Ya ba ku haƙuri. Abin da ka ji gaskiya ne. Ranar da Habré ya mutu a Dakar, 24 ga Agustan 2021, babu ko mutum ɗaya da ya karɓi ƙwandala daga diyyar da kotu ta yanke. An ɗan biya wani abu daga baya, kuma zan zo kansa. Dalilin wannan jinkiri ba sakacin alƙalai ba ne, daga tushen tsarin yake. Irin waɗannan kotuna suna da ikon cewa wane ya yi laifi, kuma ana bin sa kaza. Ba su da baitulmali, ba su da 'yan sanda, kuma mutum ɗaya suke ɗora wa bashin ɓarnar da gwamnati guda ta yi da sojojinta da kurkukunta. Duk inda ka ga an biya diyya mai tsoka a tarihi, za ka tarar an ɗaura biyan ne a wuyan wata gwamnati, ko kuma an riga an riƙe wata kafar kuɗi tun kafin a fara rabo.

Habré ya mulki Chadi daga watan Yunin 1982 zuwa Disambar 1990, da goyon bayan Amurka da Faransa, waɗanda ke kallon sa a matsayin katanga tsakaninsu da Gaddafi. Babban makaminsa a cikin gida shi ne hukumar 'yan sandan ciki da ake kira DDS, wadda shugabanninta ke kai rahoto gare shi kai tsaye. Ta bi jama'a ƙabila bayan ƙabila: mutanen kudu a 1984, Hadjarai a 1987, Zagawa a 1989. A tsakiyar Njamena akwai wani wurin ninƙaya na zamanin Turawa da aka rufe samansa da kankare aka mai da shi kurkukun ƙarƙashin ƙasa. Kwamitin bincike da gwamnatin Chadi ta kafa bayan faɗuwarsa, ƙarƙashin Mahamat Hassan Abakar, ya ƙiyasta a 1992 cewa an kashe mutum kusan 40,000. Shi kuwa gogan naka ya tsallake ta Kamaru ya sauka Dakar, ya yi zamansa cikin rufin asiri, ya yi abokai cikin manya.

Da an bar wa gwamnatoci maganar, da a nan ta mutu. Waɗanda suka fito daga kurkukun ne suka ƙi bari. Souleymane Guengueng, wani akanta a Hukumar Raya Tafkin Chadi da aka kama a 1988, ya fito da rai da ƙyar, ya kafa ƙungiya, ya riƙa bin tsoffin fursunoni da matan da aka kashe wa maza yana rubuta bayanin kowa da hotonsa. A watan Janairun 2000 suka shigar da ƙara a Dakar, alƙali Demba Kandji ya tuhumi Habré a watan Fabrairu, amma kotunan sama suka soke, suka ce dokar Senegal ba ta ba su hurumin sauraron azabtarwar da baƙo ya yi a wata ƙasa ba. Sai suka garzaya Beljiyam, wadda a lokacin dokarta ta yarda a tuhumi irin waɗannan laifuka ko a ina aka aikata su. A 2001 aka gano takardun DDS zube a ƙasa a tsohon ofishinta, cikin ƙura, ɗauke da sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare, da 12,321 da aka ci zarafinsu. A shekarar ce kuma aka jefa wa lauyarsu, Jacqueline Moudeïna, gurneti a Njamena, ta sha da munanan raunuka.

Beljiyam ta fitar da sammacin kama Habré a 2005. Tarayyar Afirka, da ba ta son a ga an kai tsohon shugaban Afirka Turai, ta ce a 2006 Senegal ta yi masa shari'a da sunan nahiyar. Gwamnatin Abdoulaye Wade ta yi ta jan ƙafa, yau maganar doka, gobe maganar kuɗi. Sai ranar 20 ga Yulin 2012 Kotun Duniya mai sasanta ƙasashe ta yanke cewa yarjejeniyar hana azabtarwa ta wajabta wa Senegal ɗaya cikin biyu: ta gurfanar da shi ba tare da ƙarin ɓata lokaci ba, ko ta miƙa shi. Aka yi sa'a Macky Sall ya hau mulki a shekarar. Aka kafa wata kotu ta musamman cikin tsarin shari'ar Senegal bisa yarjejeniya da Tarayyar Afirka, aka kama Habré a ƙarshen Yunin 2013, aka fara shari'a a Yulin 2015.

A lura, wannan ba kotun ICC ta birnin Hague ba ce, wato kotun duniya mai hukunta mutanen da suka aikata manyan laifuka, ko da yake mutane da yawa suna haɗa su. ICC ba ta da hurumi kan abin da ya faru kafin 1 ga Yulin 2002, don haka laifukan Habré sun fi ƙarfinta tun daga kan kalanda.

Shaidu 93 suka yi magana. Habré ya ƙi amincewa da kotun, da ƙarfi ake shigo da shi, ya zauna da farin rawani da baƙin tabarau bai ce uffan ba. Ranar 30 ga Mayun 2016 kotun, ƙarƙashin alƙali Gberdao Gustave Kam ɗan Burkina Faso, ta same shi da laifukan cin zarafin bil'adama, laifukan yaƙi da azabtarwa. Wajen diyya ta kasa mutane gida uku: sefa miliyan 20 ga kowace mace da aka yi wa fyaɗe ko aka bautar, miliyan 15 ga wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba ko aka azabtar, miliyan 10 ga dangin waɗanda aka kashe. Kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da ɗaurin rai da rai ranar 27 ga Afrilun 2017, ta ƙayyade jimillar diyyar a sefa biliyan 82 da miliyan 290, ga mutum 7,396 da aka ambata da sunayensu.

Yanzu ga amsar tambayarka ta farko. Wanda kotu ta ce ya biya shi ne Habré, shi kaɗai. An daɗe ana zarginsa da yashe baitulmalin Chadi ranar da zai gudu, amma shekara ashirin da biyu ya yi a sake kafin a kama shi, kuma kowa ya san abin da mai wayo ke yi da kuɗi a tsawon wannan lokaci. Abin da kotu ta iya riƙewa da sunansa bai wuce gida a Dakar da ɗan abin da ke cikin asusun banki ba, wanda ko kusa bai kama ƙafar bashin ba. Kotun ba ta ɗora wa gwamnatin Chadi biyan ba, domin ba gwamnatin aka gurfanar ba. A nan gizo ke saƙa. DDS hukumar gwamnati ce, albashin masu azabtarwar daga baitulmali yake fita, kurkukun na gwamnati ne, kuma a dokar ƙasa da ƙasa alhakin gwamnati ba ya faɗuwa don an canza shugaba. Amma kotun laifi mutum take hukuntawa, ba ƙasa ba.

Da alƙalan suka ga haka, sai suka miƙa aikin ga wani asusu na musamman da Tarayyar Afirka za ta kafa, wanda zai bi sawun dukiyar Habré ya kuma nemi gudummawa. An amince da dokar asusun a farkon 2018, Tarayyar ta ware dala miliyan 5, daga nan shekaru suka yi ta wucewa bai biya kowa ba. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, lokacin da ake neman kuɗin gudanar da shari'ar ba a sha wata wahala ba. Chadi da Tarayyar Turai da Holan da Amurka da wasu sun zuba. Ana samun mai ɗaukar nauyin zauren kotu da kyamarori, domin kowa na son a gan shi a hoton ranar hukunci. Biyan tsohuwar da ke garin Mongo ko Sarh a Chadi ba ya zuwa da hoto.

Akwai hukunci na biyu da ba a cika ambata ba, kuma a ganina ya fi na Dakar kusa da gaskiyar lamarin. Gwamnatin Idriss Déby, wanda shi kansa ya taɓa zama babban hafsan sojojin Habré, ta ƙi miƙa wa Dakar manyan jami'an DDS, ta yi musu shari'a a gida. Ranar 25 ga Maris 2015 wata kotu a Njamena ta ɗaure ashirin daga cikinsu, ta yanke diyyar sefa biliyan 75 ga mutum 7,000, ta ce gwamnati ta biya rabi, waɗanda aka ɗaure su biya rabi. Ta kuma ce a gina wurin tunawa da mamatan, a mai da hedikwatar DDS gidan tarihi. Déby ya mutu a 2021 bai aiwatar ba. Waɗanda abin ya shafa suka yi ta zaman dirshan da zanga-zanga a Njamena, suna tsufa, suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Sai a watan Fabrairun 2024, gab da zaɓe, gwamnatin ɗansa Mahamat ta fara raba sefa biliyan 10 ga mutum kusan 10,700, kowa ya tashi da kimanin sefa 925,000. Bai kai kashi goma cikin ɗari na abin da kotuna suka yanke ba. Duk da haka ka duba daga ina kuɗin ya fito: daga baitulmalin gwamnati, bayan matsin lamba na shekara da shekaru.

Wannan giɓi tsohon gado ne. Tun daga shari'ar Nuremberg bayan Yaƙin Duniya na Biyu, babban abin da fannin ya kawo shi ne cewa mutane ne ke aikata laifi, don haka shugaba ba zai fake da ƙasa ba, soja ba zai fake da umarni ba. Ci gaba ne babba. Sai dai duk hankali ya koma kan wanda ake tuhuma, wanda aka zalunta kuwa ya zama shaida kawai, ya zo ya faɗi abin da ya gani ya koma gida. Kotunan da Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa don tsohuwar Yugoslabiya a 1993 da Ruwanda a 1994 sun ɗaure mutane da dama, amma ba su da tsarin biyan diyya. Malamanmu na fiƙihu sun daɗe da gano matsalar da ke nan. Sun san diyyar rai ta fi ƙarfin aljihun mutum ɗaya, shi ya sa a kisan kuskure suka ɗora ta a kan aƙila, dangin mai laifi na wajen uba, in kuma babu su a koma baitulmali, don kada jini ya tafi a banza. Dokar manyan laifuka ta duniya har yau ba ta da aƙila.

Yarjejeniyar Roma ta 1998, wadda ta kafa ICC, ta yi ƙoƙarin gyara. Sashe na 75 ya ba alƙalai ikon yanke diyya, sashe na 79 ya kafa asusun tallafa wa waɗanda aka zalunta. To amma umarnin biya a kan wanda aka samu da laifi yake sauka, kuma kusan duk waɗanda kotun ta ɗaure an ayyana su a matsayin marasa hali, har lauyoyinsu kotu ke biya. Sai asusun ya cike gurbi da gudummawar ganin dama daga ƙasashe, wadda ba ta wuce 'yan miliyoyin yuro a shekara, alhali kasafin kuɗin kotun kanta ya doshi yuro miliyan 200.

Ka ɗauki shari'ar Germain Katanga na Kwango. An kai hari ƙauyen Bogoro a watan Fabrairun 2003, aka same shi da laifi a 2014, a 2017 kotu ta amince da mutum 297, ta ba kowa dala 250 a matsayin alama, tare da tallafin gidaje da kuɗin makaranta da jari, jimilla dala miliyan ɗaya. Asusun ya biya, aka rufe shirin a 2024, shekara ashirin da ɗaya bayan harin. Wannan ita ce wadda ake nunawa a matsayin nasara, kuma ta yiwu ne don mutanen kaɗan ne. A shari'ar Dominic Ongwen, kwamandan 'yan tawayen LRA na Yuganda, kotu ta yanke a Fabrairun 2024 diyyar da ta haura yuro miliyan 52 ga mutum kusan 50,000, ciki har da yuro 750 ga kowanne. Ongwen, wanda shi ma sato shi aka yi yana yaro, ba shi da komai, kuma asusun bai taɓa riƙe kuɗi kwatankwacin haka ba.

Sannan diyyar tana bin tuhumar da aka tabbatar ne kawai. Thomas Lubanga, wani madugun mayaƙa na Kwango, an same shi da laifin sa yara aikin soja, don haka yaran da iyalansu ne ke cikin lissafi, mutanen da mayaƙansa suka kashe ko suka yi wa fyaɗe ba sa ciki. Jean-Pierre Bemba kuwa, ɗan Kwango da aka tuhuma kan abin da mayaƙansa suka aikata a ƙasar Afirka ta Tsakiya, wanda shi ne mai dukiya ta gaske cikinsu har an riƙe masa kadarori, kotun ɗaukaka ƙara ta wanke shi a Yunin 2018, mutum sama da 5,000 na Afirka ta Tsakiya da suka shiga shari'ar suka rasa damar diyya a rana ɗaya.

Kwatanta wannan da abin da ya faru bayan Iraƙi ta mamaye Kuwait a 1990. Kwamitin Sulhu ya kafa hukumar biyan diyya a 1991, ya kuma ce a riƙa yanke wani kaso daga kuɗin man da Iraƙi ke sayarwa, da farko kashi 30 cikin ɗari, yana shiga asusu kai tsaye. Zuwa farkon 2022 an biya dala biliyan 52.4 ga masu ƙorafi kusan miliyan ɗaya da rabi, ciki har da leburori 'yan ci-rani da suka gudu suka bar komai. Ba a ɗaure kowa a wannan tsari ba, amma an biya duk wanda aka amince da ƙorafinsa. Ba ina yabonsa ba ne ido rufe, domin talakan Iraƙi ne ya biya kuɗin yaƙin Saddam yana cikin ƙuncin takunkumi, kuma an iya yin haka ne saboda Iraƙi ta sha kaye, manyan ƙasashe kuma bakinsu ya zo ɗaya. Abin da nake nuna maka shi ne bututun kuɗin da aka riƙe.

Ko an samu gwamnatin da za ta biya, tsugune ba ta ƙare ba. A Fabrairun 2022 Kotun Duniya mai sasanta ƙasashe ta umarci Yuganda ta biya Kwango dala miliyan 325 saboda ɓarnar da sojojinta suka yi a gabashin ƙasar, kashi biyar, dala miliyan 65 kowace shekara, kuma Yuganda ta fara biya a shekarar. Sai dai kuɗin hannun gwamnatin Kwango yake shiga. A 2025 wata kotu a Kinshasa ta ɗaure tsohon ministan shari'a, Constant Mutamba, shekara uku kan karkatar da dala miliyan 19 daga wannan kuɗi.

To ina amfanin shari'ar? Ba zan ce maka hukunci ya maye gurbin kuɗi ba, domin wanda aka karya wa ƙashin baya a kurkuku magani yake buƙata, kuma marayu makaranta suke buƙata. Masu cewa wai waɗanda aka zalunta gaskiya kawai suke nema, ba kuɗi ba, yawanci mutane ne masu albashi. Amma akwai abin da shari'ar Dakar ta samar wanda ba a iya ƙwacewa. Kafin ta, magoya bayan Habré suna cewa duk ƙage ne na Turawa da Libiya. Bayan ta, akwai hukunci mai ɗaruruwan shafuka da alƙalan Afirka suka rubuta, bisa takardun da hukumarsa ta rubuta da hannunta. Matan da aka kai sansanin soja na Ouadi Doum a hamada aka mai da su bayi sun tsaya a gabansa sun faɗa, bayan shekaru kusan talatin suna ɓoyewa, aka kuma watsa a talabijin a Chadi. Khadidja Hassan Zidane ta ce shi da kansa ya yi mata fyaɗe. Kotun farko ta gaskata ta, ta biyu ta cire wannan tuhuma saboda ba ta cikin takardar ƙara tun asali, ba don ta ƙaryata ta ba. Sannan ko ɗan abin da aka biya a 2024, ba na jin da an biya shi in babu hukunci biyu da jerin sunaye a hannun masu zanga-zangar. Mai bin bashi da takarda daban yake da mai roƙo.

Maganar cewa hukunci yana tsoratar da azzalumai na gaba kuwa, ina ɗaukar ta da taka-tsantsan. ICC ta fitar da sammacin kama Omar al-Bashir a 2009 da 2010 ba a taɓa miƙa shi ba. Ali Kushayb, ɗaya daga jagororin mayaƙan Janjawid na yankin Darfur a Sudan, sai a Oktoban 2025 aka same shi da laifin abin da ya faru a 2003 da 2004, a lokacin kuwa Darfur ta riga ta sake komawa cikin jini tun 2023.

Saura tambayarka ta ƙarshe, wadda na san ita ce ta fi damun ka. Najeriya ta shiga ICC a 2001, Nijar a 2002, Chadi a 2006, Kamaru kuwa ta sa hannu amma ba ta tabbatar ba. A Disambar 2020 babbar mai gabatar da ƙara ta lokacin, Fatou Bensouda, ta sanar cewa akwai dalilin gaskata cewa Boko Haram da kuma wasu jami'an tsaron Najeriya sun aikata laifukan yaƙi da na cin zarafin bil'adama. Shekaru sun wuce bayan sanarwar ba a gurfanar da kowa ba. Ƙa'idar kotun ita ce ba ta shiga sai in ƙasa ta kasa ko ta ƙi yin shari'a da gaske, kuma Najeriya tana nuna shari'o'in da take yi a barikin soja na Kainji tun 2017, waɗanda yawancinsu tuhumar zama ɗan ƙungiya ce ko taimaka mata, ba kisan wane a ƙauye kaza ranar kaza ba. Nijar, tare da Mali da Burkina Faso, ta sanar da ficewa daga kotun a Satumbar 2025. Ficewa ba ta goge hurumi kan abin da ya gabata ba, kamar yadda kama Rodrigo Duterte na Filifin a 2025 ya nuna, amma tana yanke haɗin kai, kuma kotun da ba ta da 'yan sanda da haɗin kai take rayuwa.

Ko da an buɗe shari'a gobe, mutum biyu ko uku za a tuhuma, kan hare-hare ƙalilan da aka zaɓa, a shafe shekara goma ko fiye, kuma in garinku ba ya cikin takardar tuhuma ba kwa cikin diyya. Don haka gaskiyar da zan faɗa maka ita ce kada ku jingina da Hague.

Ƙofofin da suka fi kusa su ne waɗanda ake kai ƙarar gwamnati kanta. Mutanen Odi a jihar Bayelsa, da sojoji suka rusa wa gari a 1999, sun kai ƙara Babbar Kotun Tarayya, ta yanke musu naira biliyan 37.6 a 2013, daga baya aka daidaita gwamnati ta biya biliyan 15. Hadijatou Mani, 'yar Nijar da aka sayar tana yarinya, ta kai ƙasarta kotun ECOWAS, a Oktoban 2008 kotu ta ce gwamnati ta gaza kare ta daga bauta, ta yanke sefa miliyan 10, aka kuma biya. Darasin shari'arta yana da muhimmanci a gare ku: ba gwamnati ce ta bautar da ita ba, amma an kama gwamnati da laifin rashin kariya. Kotun ECOWAS ba ta sharɗanta sai ka gama da kotunan gida, sai dai ƙasashe da yawa suna yin biris da hukuncinta, kuma fitar Nijar daga ƙungiyar a Janairun 2025 ta rufe wa 'yan Nijar wannan ƙofa.

Ku kuma riƙa bambance tallafi da diyya. Buhun shinkafa da gidan da aka gina wa ɗan gudun hijira abin godiya ne, amma kyauta ce, mai bayarwa na iya dainawa. Ƙa'idojin da Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da su a 2005 sun ɗauki diyya a matsayin haƙƙi, kuma ba kuɗi kaɗai ba: har da mayar wa mutum gonarsa ko aikinsa, yi masa magani, gaya masa inda aka binne ɗansa, neman gafara a bainar jama'a, da gyara hukumomin da suka yi ɓarnar. Uwar da aka tafi da ɗanta shekara goma ba labari, sau da yawa abin da take fara tambaya shi ne yana raye ko ya mutu, kuma wannan amsa ba ta buƙatar biliyan ko ɗaya.

Abin da ke hannunku yanzu shi ne abin da Guengueng ya yi tun babu kotun da za ta saurare shi. Ku haɗu a ƙungiya, domin mutum ɗaya ana gajiyar da shi. Ku rubuta sunan kowane mamaci da wanda ya ɓace, sunan mahaifinsa, garinsu, ranar da abin ya faru, waɗanda suka gani da idonsu, da ko su wa suka zo, da irin kayan da ke jikinsu da motocinsu. Ku adana katin asibiti, hoton rauni, takardar mai unguwa ko hakimi, katin rajistar sansani, da duk wata shaidar dangantaka tsakanin mamaci da magadansa. A ajiye kwafi a wuri fiye da ɗaya, a kuma kiyaye sirrin matan da aka ci wa zarafi, kada a rubuta sunan kowa sai da yardarsa. Ku nemi lauya mai kare haƙƙin ɗan Adam tun da wuri, saboda wasu ƙararrakin neman diyya suna da wa'adi. A shari'ar Habré, bayan duk wannan gwagwarmaya, kotun ɗaukaka ƙara ta ajiye mutum 3,489 a gefe saboda ba su kawo isasshiyar shaida ba, ta ce su je su nema a wajen asusun Tarayyar Afirka in ya fara aiki.